Farfesa Ibrahim Yaro Yahaya (1944–1995): Tsakanin Littafin Aji da Tarihin Adabi

1.0 Gabatarwa

Duk wanda ya saba duba kundayen neman digiri a sassan harsunan Nijeriya na jami'o'inmu ya san cewa da wuya a buɗe kundi a fannin adabin Hausa ba a tarar da sunan Yahaya (1988) tun a babin farko ba. Littafin da ake nufi shi ne *Hausa a Rubuce: Tarihin Rubuce-Rubuce Cikin Hausa*, wanda Kamfanin NNPC na Zariya ya buga. Yawan ambaton wannan littafi ya sa har ɗalibai da dama sun ɗauka shi kaɗai ne abin da marigayi Farfesa Ibrahim Yaro Yahaya ya bari. Alhali kuwa kashi mai tsoka na rayuwarsa ta aiki ya tafi ne wajen rubuta littattafan aji, tun daga na 'yan firamare har zuwa na manyan makarantun sakandare da kwalejojin horon malamai, inda ake koyar da insha'i da auna fahimta da ƙa'idojin rubutu.

Wannan maƙala za ta bi sawun ayyukan nan iri biyu bisa tarihi. Ra'ayin da za a kare a cikinta shi ne, aikin littafin aji da manazarta suke tsallakewa shi ne ya share fagen da aka tsaya a kai aka iya rubuta tarihin adabi da Hausa, saboda haka raba su biyu da muke yi, muna girmama ɗaya muna raina ɗaya, kuskure ne.

2.0 Abin da Ya Tarar

Kafin a gane nauyin aikin Yahaya, dole a duba irin zuben da Hausa take da shi a rubuce kafin zamaninsa. Malaman ƙarni na 19, wato Shehu Usmanu Ɗanfodiyo da Abdullahi da Muhammadu Bello da Nana Asma'u da almajiransu, sun raba wa harsuna aiki. Idan za a yi bayani mai tsawo, ko a kafa hujja, ko a aika wa wani sarki wasiƙa, Larabci ake ɗauka. Hausa da Fulatanci kuwa aka bar musu waƙa, domin ita ce take shiga kunnen jama'a, a hardace ta, a rera ta. Ke nan Bahaushe ya daɗe yana wa'azi da koyarwa a rubuce da harshensa, amma cikin baiti. Ita kanta kalmar insha'i da muke amfani da ita yau aro ce daga Larabci, kuma a wurin malaman zaure fanni ne na iya tsara zance da Larabci.

Zuwan boko ya canja wannan rabo, amma ba gaba ɗaya ba. Hanns Vischer, wanda aka fi sani da Ɗan Hausa, ya fitar da ƙa'idojin rubutun Hausa a 1912. An kafa Hukumar Fassara a 1929, ta rikiɗe ta zama Hukumar Talifi a 1933 ƙarƙashin Rupert East, kuma gasar da aka shirya a wannan shekara ita ta haifar da *Ruwan Bagaja* da *Ganɗoki* da *Shaihu Umar* da *Idon Matambayi* da *Jiki Magayi*. Daga nan sai *Magana Jari Ce*, sai jaridar *Gaskiya Ta Fi Kwabo* a watan Janairu na 1939, sai Kamfanin Gaskiya a 1945, sai Hukumar NORLA wadda ta yi aiki a shekarun 1950 ta rufe a 1959. Abin lura a nan shi ne, mafi yawan abin da waɗannan hukumomi suka samar zube ne na ba da labari, ko na jarida, ko ƙananan littattafan yaƙi da jahilci. Zuben bayani, wanda marubuci zai ɗauki batu ya rarraba shi, ya kawo dalili, ya auna ra'ayi biyu, bai yi yawa ba. Akwai *Ikon Allah* na East da Abubakar Imam, wanda ya yi ƙoƙarin bayyana al'amuran kimiyya da Hausa, akwai kuma sharhin edita a *Gaskiya*, amma ba a riga an sami tsararriyar hanyar koya wa ɗalibi ya rubuta irin wannan zube da kansa ba.

Daɗin daɗawa, nazarin Hausa kansa da Turanci ake yin sa. Manyan malaman da suka kafa fannin a jami'o'inmu duk da Turanci suka rubuta kundayen digirinsu na uku: M.K.M. Galadanci a Landan a 1969, Ɗandatti Abdulƙadir a Indiyana ta Amurka a 1975, Ɗalhatu Muhammad a Landan a 1977, Abdulƙadir Ɗangambo a Landan a 1980. Shi ma Yahaya da Turanci ya rubuta nasa, wanda ya gabatar wa Jami'ar Ahmadu Bello a 1979, a kan yadda adabin baka yake tarbiyyantar da yaro har ya shiga sahun manya a al'ummar Hausawa. Wannan ba aibi ba ne a gare su, yanayin zamanin ne. Amma yana nuna cewa lokacin da suka dawo aji domin su koyar da Hausa cikin Hausa, sai suka tarar babu kayan aiki, dole su ƙera da hannunsu.

3.0 Littattafan Aji

An haifi Ibrahim Yaro Yahaya a Kano a 1944, kuma aikinsa na ilimi ya ginu ne a Cibiyar Nazarin Harsunan Nijeriya, wadda aka kafa a 1969 a Kwalejin Abdullahi Bayero, tun tana reshen Jami'ar Ahmadu Bello, kafin ta zama Jami'ar Bayero a 1977. Daga baya ya riƙe shugabancin Cibiyar. Ita wannan Cibiya ita ta gaji aikin Hukumar Harshen Hausa ta 1955 wajen daidaita rubutu da ƙirƙiro kalmomi, saboda haka tun farko ma'aikatanta ba su da zaɓin su killace kansu cikin bincike zalla.

Aikinsa na farko da ya shiga hannun jama'a sosai shi ne *Tatsuniyoyi da Wasanni*, jerin littattafai shida da Kamfanin Oxford ya fara bugawa a Ibadan a 1971. Ba shi ne farkon wanda ya tara tatsuniyoyin Hausa ba. J.F. Schön ya fitar da *Magana Hausa* a 1885, Frank Edgar ya buga kundaye uku tsakanin 1911 da 1913, R.S. Rattray da A.J.N. Tremearne su ma sun fitar da nasu a 1913. Sai dai waɗannan duk an tara su ne domin Bature mai koyon Hausa ko mai son sanin halin waɗanda yake mulka. Yahaya kuwa ya tara nasa domin yaron Bahaushe, ya jera su daki-daki bisa ƙarfin mai karatu, ya haɗa su da wasannin dandali. A ganina a nan ne darasin insha'i ya fara, ko da yake ba a kira shi da wannan suna ba. Yaron da ya saba jin labarin Gizo da Ƙoƙi daga bakin kakarsa, da ya gan shi a takarda sai ya fara lura da inda aka sa aya, da inda aka buɗe sakin layi, da yadda ake bambanta maganar mai ba da labari da maganar Gizo. Ya riga ya san abin da za a faɗa, saboda haka hankalinsa yana kan yadda aka rubuta shi. A wannan shekara ta 1971 ce kuma NNPC ta buga *Daren Sha Biyu*, inda ya mayar da wani wasan Shakespeare zuwa Hausa, sannan ya biyo baya da *Labarun Gargajiya*. Har ila yau sunansa yana cikin waɗanda suka taimaka wa Paul Newman da Roxana Ma Newman wajen haɗa *Sabon Ƙamus na Hausa Zuwa Turanci* na 1977, ƙaramin ƙamusun da ya daɗe a jakar ɗalibai.

Abin da ya faɗaɗa wannan aiki shi ne sauye-sauyen tsarin ilimi. Shirin ilimin firamare kyauta ga kowa na 1976 ya cika makarantu da yara, ya kuma tilasta buɗe kwalejojin horon malamai da yawa cikin gaggawa. Manufar Ilimi ta Ƙasa ta 1977, wadda aka sabunta a 1981, ta ba harsunan gida gurbi, ta ware Hausa da Ibo da Yarabanci a matsayin manyan harsuna uku, sannan tsarin 6-3-3-4 da ya fara aiki a 1982 ya raba sakandare gida biyu, kowane da manhajarsa. Nan take aka wayi gari ana buƙatar littafin da malami zai riƙe ya shiga aji ya koyar da harshe da adabi da al'ada, kuma ya shirya ɗalibi ga jarrabawar fita. Amsar da Yahaya ya bayar ita ce *Jagoran Nazarin Hausa*, wanda ya rubuta tare da Ɗangambo, NNPC ta buga a 1986, da kuma *Darussan Hausa Don Manyan Makarantun Sakandare*, littattafai uku da ya rubuta tare da M.S. Zariya da S.M. Gusau da T.M. 'Yar'aduwa, Kamfanin University Press na Ibadan ya buga a 1992.

Ya kamata a tsaya a yi tunanin wahalar da ke cikin irin wannan rubutu, domin wanda bai taɓa gwadawa ba yana ganin abu ne mai sauƙi. Mai rubuta maƙala ga takwarorinsa masana yana iya fakewa da kalmar Turanci idan ta Hausa ta ƙi samuwa. Mai rubuta wa ɗan aji huɗu ba shi da wannan mafaka. Dole ya yanke shawara a kan me za a kira kowane abu, kuma abin da ya zaɓa dubban yara za su hardace, masu shirya jarrabawa su tambaya, malamai su yi maki a kansa. Kalmomi irin su jigo, salo, zubi da tsari, tauraro, auna fahimta, sakin layi, ginin jimla da ƙirar kalma, waɗanda yau muke furtawa kamar da su aka haife mu, ba mutum ɗaya ya ƙirƙiro su ba. Sun fito ne daga tarurruka da muhawarar malamai da yawa, aka tattara wani kaso nasu a *Ƙamus na Keɓaɓɓun Kalmomi* wanda Ɗalhatu Muhammad ya tace a 1990. Amma ƙamus ajiya yake yi. Littafin aji ne ya fitar da su daga ɗakin taro ya kai su bakin allo, inda ake gane wadda za ta rayu da wadda za ta mutu. Da Gusau ya zo rubuta kundinsa na digiri na uku a kan waƙoƙin makaɗan fada a Jami'ar Bayero a 1988, da Hausa ya rubuta shi, tazarar shekara tara kacal tsakaninsa da kundin Yahaya na Turanci.

Wannan haɗa aiki biyu ba a Hausa kaɗai aka san shi ba. A Amurka, inda darasin insha'i ya zama wajibi ga ɗan shekarar farko a jami'a tun daga abin da Jami'ar Harvard ta fara a ƙarshen ƙarni na 19, manyan masu feɗe adabi sun yi irinsa. Cleanth Brooks da Robert Penn Warren, waɗanda littafinsu na 1938 a kan fahimtar waƙa ya sauya yadda ake koyar da adabi a can, su ne kuma suka zauna suka rubuta littafin koyar da insha'i a 1949. Bambancin shi ne su sun tarar da harshe mai daɗaɗɗiyar al'adar zuben bayani, aikinsu gyara ne da zaɓe. Su Yahaya kuwa suna koyar da abin ne a daidai lokacin da suke gina shi.

4.0 Hausa a Rubuce

Game da littafin 1988 an yi magana da yawa, ba sai an maimaita ba. Ya ɗauko zaren tun daga zuwan Musulunci da rubutun ajami, ya bi ta kan malaman jihadi, da Turawa 'yan mishan da masu yawon bincike, da hukumomin zamanin mulkin mallaka, har zuwa gasannin da suka fito da *So Aljannar Duniya* da *Mallakin Zuciyata* a 1980, da *Turmin Danya* da *Ƙarshen Alewa Ƙasa* a 1982. Kafinsa akwai littafin Mervyn Hiskett na 1975 a kan tarihin waƙoƙin addini, bayansa kuma akwai na Graham Furniss na 1996, amma duka biyun da Turanci suke. Nasa ne ya ba Bahaushe cikakken tarihin rubutunsa da harshensa.

Abin da ba a cika faɗa ba shi ne, hannun mai rubuta littafin aji a bayyane yake a cikinsa. Ƙarfin littafin yana wajen tattarawa da jerantawa da sauƙin bayani: wace hukuma, a wace shekara, ta buga me, wa ya rubuta. Rauninsa ma daga nan ya fito, domin ya fi ba da labarin hukumomi da sunayen littattafai a kan feɗe abin da ke cikinsu, kuma ba ya yawan tsayawa ya ce wannan ya fi wancan. Wanda yake neman hukunci a kan darajar *Ganɗoki* idan an gwama shi da *Shaihu Umar* sai ya nemi wani wuri. Haka kuma, da yake tarihin ya rataya ne a wuyan hukuma da kamfani, bai tanadi gurbin abin da ya kunno kai a daidai lokacin da ake buga shi ba, wato littattafan da matasa da mata suka shiga bugawa da kuɗinsu bayan da tsadar takarda ta zamanin shirin gyaran tattalin arziki na 1986 ta durƙusar da manyan kamfanoni. *Budurwar Zuciya* ta Balaraba Ramat Yakubu da *In Da So Da Ƙauna* na Ado Ahmad Gidan Dabino, da ɗaruruwan da aka yi wa laƙabi da Adabin Kasuwar Kano, sun zo da wata hanyar da ba ta bi ta Zariya ba. Ba za a zargi marubuci da rashin ganin abin da bai gama bayyana ba. Laifin namu ne da muka shafe shekaru muna kwafar rabe-rabensa ba tare da mun ɗora ba. Sai dai akwai tambayar da ta cancanci bincike: su waɗannan marubuta na Kano, a ina suka koyi rubuta Hausar boko, in ba a azuzuwan da aka koyar da irin littattafan da muke magana a kansu ba?

5.0 Daga Kano Zuwa Agwada

Aiki ya kawo ni ƙasar Keffi, kuma a nan ne na ga wani gefe na wannan tarihi da ban gani ba a gida. Wata rana na je duba ɗalibanmu masu gwajin koyarwa a wata makarantar sakandare ta wajen Agwada. Ɗalibin da na je dominsa yana koyar da insha'in siffantawa, a hannunsa akwai wasu 'yan shafuka da aka ɗauki hotonsu daga wani hoton, har baƙin ya dushe, babu bango babu sunan marubuci. Da na karɓa na duba sai na gane daga ina aka ciro su. Na tambaye shi ko ya san mai littafin, ya ce shi dai a wurin wani malaminsa ya samu. Bayanin da ya yi wa yara a kan gabatarwa da gundarin zance da kammalawa daidai yake, babu abin gyara. Matsalar ta taso ne da ya ba su jigon da za su yi rubutu a kai, ya ce su siffanta Hawan Daushe. Aji ya yi tsit. Da na ba shi shawara ya canja zuwa yadda ake tada kunyar doya ko girbin riɗi, sai ga hannuwa a sama.

Da na karanta abin da suka rubuta sai wata matsalar ta fito. Yawancin yaran nan Hausa ba ita ce harshen gidansu ba, harshen kasuwa ce da wasa da cuɗanya tsakanin ƙabilu, kamar yadda take a wurare da yawa na Jihar Nasarawa. Suna magana da ita ba gargada, amma a rubutunsu mace da namiji duk "ya" ne, kuma ƙ da k, ɗ da d, ɓ da b duk ɗaya ne, domin a bakinsu ma ɗaya ne. Littattafan su Yahaya an gina su ne bisa zaton cewa ɗalibi ya zo da daidaitacciyar Hausa, ko wani kari na kusa da ita, a bakinsa, abin da ya rage a koya masa ya zuba ta a takarda. Wannan zato ya yi daidai a Kano da Katsina. A Agwada kuwa malami yana buƙatar darasin jinsi da na furuci kafin ya kai ga sakin layi. Manufar ilimi ta san da wannan bambanci, tun da ta yi tanadin koyar da Hausa a matsayin harshe na biyu, har aka kafa Cibiyar Harsunan Nijeriya ta Ƙasa a Aba a 1993 domin horar da malamai. Amma yaron Agwada bai faɗa cikin ko ɗaya daga rukunan biyu ba. Ba ɗan Hausa ba ne da za a ba shi littafin 'yan gida, ba kuma baƙo ba ne kamar yaron Enugu da za a fara masa da gaisuwa da ƙirga. Irinsa suna da yawa daga Keffi zuwa Lafiya, zuwa Jos da kudancin Kaduna, kuma mu malaman da muke tsakiyarsu mun ci gaba da ba su abin da aka ɗinka wa wani.

A nan dole a faɗi abin da yake hana ruwa gudu. Malamin jami'a na yau ya san cewa wajen ƙarin girma maƙala a mujalla ta fi littafin sakandare maki nesa ba kusa ba, ko da kuwa maƙalar mutum goma ne za su karanta ta. Saboda haka masu ƙwarewar da za su sabunta *Darussan Hausa*, ko su rubuta wa yaran tsakiyar Nijeriya nasu, sun juya ga abin da zai amfane su, aka bar fagen ga masu haɗa 'yan takardun tambaya da amsa na cin jarrabawa. Ita ma gwamnati ba ta tsaya wuri ɗaya ba: a watan Nuwamba na 2022 ta amince da manufar koyar da yaran firamare da harshen uwa, a watan Nuwamba na 2025 kuma Ministan Ilimi ya ba da sanarwar soke ta da komawa ga Turanci. Sokewar ta shafi harshen da ake koyarwa da shi ne, Hausa a matsayin darasi tana nan, amma kamfanin ɗab'i da ya ga haka zai yi nauyin hannu wajen zuba kuɗi a sabon littafin Hausa.

Yahaya ya rasu a 1995, shekara uku bayan fitowar *Darussan Hausa*, shekara ɗaya kafin a yanke Jihar Nasarawa daga Filato. Shafukan da na gani a hannun ɗalibin nan an rubuta su ne tun ba a haife shi ba. Da muka koma Keffi na ba shi aron nawa kwafin mai bango, na ce ya karanta sunayen da ke kai, sannan ya zauna ya rubuto mini jigogin insha'i ashirin waɗanda yaron Agwada zai iya rubutu a kansu daga abin da idonsa ya gani. Ya kawo goma sha huɗu, na farkonsu a kan ranar kasuwa.